Gona, soja da janar: yadda jamhuriyar Rum ta mutu a hannun 'ya'yanta

Sunan Rum ba baƙo ba ne a kunnen Bahaushe. Almajiri ya san Suratur Rum, mai karatun sira ya san Hiraƙal da aka kai wa wasiƙa daga Madina, kuma har gobe tekun da ya raba Afirka ta Arewa da Turai Bahar Rum muke ce masa. Sai dai waɗancan Rumawa na ƙarshen zamani ne, masu sarki a Kustantiniyya, masu magana da harshen Girka. Kafin su akwai Rum ta asali, birni guda a bakin kogin Tibar a ƙasar Italiya, wadda ta yi kusan shekara 500 ba ta da sarki, kalmar sarki ma abin ƙyama ce a wurinta. Tambayar da ta daɗe tana damuna ita ce yadda mutanen da suka rantse ba za su sake yin sarki ba suka wayi gari suna ƙarƙashin mutum ɗaya, suna ma gode masa. Da yawa kan ce Yuliyus Kaisar ne ya kashe jamhuriyar. Ni a ganina Kaisar ya tarar da ita a kwance ne, kuma ciwon ya fara daga gona.

Shekarun da zan ambata galibi na kafin haihuwar Annabi Isa alaihis salam ne, don haka lissafinsu raguwa yake yi: shekara ta 133 ta riga ta 44.

Bisa abin da Rumawa suka ruwaito, a shekara ta 509 suka kori sarkinsu na ƙarshe, Tarkwiniyus, suka raba ikonsa yadda ba zai sake taruwa a hannu ɗaya ba. Kowace shekara a zaɓi shugabanni biyu, ana ce wa kowannensu konsul, kuma kowanne na iya dakatar da hukuncin ɗan'uwansa. Shekara na cika, su sauka. Akwai Majalisar Dattawa mai mutum wajen 300, ita ke riƙe da baitulmali da harkokin waje. Daga baya talakawa suka yi yaji suka fice daga gari, ba su dawo ba sai da aka ba su wakilai na kansu, waɗanda taɓa jikinsu haramun ne, kuma da kalma ɗaya suna iya tsayar da kowane irin al'amari na hukuma. Idan bala'i ya taso, a naɗa mutum ɗaya mai cikakken iko, amma wata shida kawai. Mafi yawan wannan tsari al'ada ce ta riƙe shi, wato abin da aka tarar iyaye da kakanni suna yi, da kunyar a ce kai ne ka fara karyawa.

Ginshiƙin da ya ɗauki dukkan wannan gini shi ne manomi mai 'yar gonarsa. A Rum ta wancan lokaci ba a ɗaukar wanda ba shi da dukiya aikin soja a runduna. Mai gona ke zuwa yaƙi, shi zai sayi garkuwarsa da takobinsa, ya yi kakar yaƙi ɗaya, ya komo gida ya tarar da girbi. Hikimar a fili take: wanda yake da abin da zai rasa shi ne zai tsaya wa gari. Sojan nan kuma shi ne mai jefa ƙuri'a, don haka kwamandansa na bana gobe zai zo neman ƙuri'arsa.

Nasara ce ta fara ɓata wannan lissafi. Rum ta yi yaƙi uku da Kartaj, wadda kufanta ke ƙasar Tunisiya yau. A na biyu, daga 218 zuwa 201, Hannibal, janar ɗin Kartaj, ya yi kusan shekara 15 a cikin Italiya yana ƙone ƙauyuka, kuma a filin Kanne kaɗai, a shekara ta 216, ya hallaka dubun-dubatar Rumawa a yini guda. Rum ta ci yaƙin, ta gaji Sifen, ta tsallaka Girka, a shekara ta 146 ta rushe Kartaj da Korinti duka. Daga nan yaƙi ya daina zama na kaka ɗaya. Manomin da aka kai Sifen sai ya yi shekaru bai ga gida ba. Matarsa da yara ba za su iya riƙe gonar ba, bashi ya hau, maƙwabci mai kuɗi ya saye. Kuɗin kuwa sun zubo kamar ruwan Agusta, har a shekara ta 167 aka daina karɓar harajin dukiya daga 'yan ƙasa. A wannan shekarar dai aka kama mutum 150,000 a yankin Efirus na Girka aka sayar da su bayi. Mai kuɗi ya samu fili, ya samu bayi da araha, kuma bawa ba a kiransa yaƙi. Ga kuma filayen hukuma da aka ƙwace daga garuruwan da aka ci: akwai tsohuwar doka da ta ce kada mutum ɗaya ya riƙe fiye da abin da ya kai hekta 125 a cikinsu, amma manya sun daɗe da take ta, sun gina gidaje a kai, sun binne iyayensu a kai, sun ba 'ya'yansu mata a matsayin gara.

Masu tonon ƙasa don binciken kayan tarihi sun nuna cewa ƙananan gonaki ba su ɓace ko'ina ba, kuma a wasu yankuna yawan jama'a ne ya sa fili ya yi kaɗan. Ko ta wace hanya aka bi, sakamakon ɗaya ne: mazaje masu ƙarfi da ba su da abin nomawa suna ta ƙaruwa, masu cancantar shiga runduna suna ƙin zuwa.

A nan Tiberiyus Girakus ya shigo. Ba talaka ba ne ko kusa. Mahaifiyarsa Korneliya 'yar Sikipiyo ce, janar ɗin da ya karya Hannibal. An ce a hanyarsa ta zuwa Sifen ya ratsa yankin Itruriya ya ga ƙasa ba kowa sai bayi baƙi suna noma da kiwo. Da aka zaɓe shi wakilin talakawa a shekara ta 133, ya kawo doka: a dawo da tsohuwar iyaka, a bar wa kowa hekta 125 ɗinsa har da ƙari don 'ya'yansa maza, rarar a raba wa marasa fili, kuma kada a sayar. Marubucin tarihi Fulutak ya adana mana maganarsa, inda yake cewa namun dajin Italiya kowanne yana da raminsa, amma mutanen da ke yaƙi suna mutuwa saboda Italiya ba su da komai sai iska da hasken rana, ana kiransu iyayengijin duniya alhali ba su mallaki ko hoge ɗaya na ƙasa ba. Duk lokacin da na karanta wannan sai jikina ya yi sanyi, domin roƙon da ke ciki bai wuce na wurin kwana da abin nomawa ba.

Majalisar Dattawa ta ƙi. Ta samu wani wakilin talakawa, Oktabiyus, ya tsayar da dokar. Tiberiyus ya sa jama'a suka tsige shi, abin da ba a taɓa yi ba. Majalisa ta hana kuɗin aikin rabon fili. Sai ga sarkin Fargamum, a Turkiyya ta yau, ya mutu ya bar wa Rum mulkinsa gado, Tiberiyus ya ce da wannan dukiya za a yi aikin, wato ya sa hannu a baitulmali, hurumin dattawa. Sannan ya nemi a sake zaɓensa shekara ta biyu a jere. Idan ɓera da sata, daddawa ma da wari: shi ma ya karya al'ada, ba sau ɗaya ba. Amma abin da aka mayar masa ya fi laifinsa nesa ba kusa ba.

Ranar zaɓe, a kan tudun Kafitol, aka gaya masa ana shirin kashe shi. Hayaniya ta hana a ji muryarsa, sai ya ɗora hannu a kansa don ya nuna wa mutanensa cewa ransa na cikin haɗari. Wani ya ruga majalisa ya ce ga Tiberiyus can yana neman a sa masa kambin sarauta. Konsul na wannan shekara ya ce shi ba zai kashe ɗan ƙasa ba tare da shari'a ba. Sai Sikipiyo Nasika, babban limamin addinin Rum kuma ɗan'uwan Tiberiyus na jini, ya ja gefen mayafinsa ya rufe kai, ya ce mai son ƙasa ya biyo shi. Dattawa da barorinsu suka kakkarya bencina suka ɗebi ƙafafun. Da sanduna da duwatsu aka kashe Tiberiyus da mutum sama da 300. Ƙanensa ya roƙi gawar don ya binne, aka hana shi, da dare aka jefa ta kogin Tibar.

Dokar ta ci gaba da aiki bayan mutuwarsa, an kuma raba filaye. Abin da bai gyaru ba shi ne darasin da kowa ya ɗauka, cewa gardamar siyasa ana iya kashe ta da kulki, kuma jikin wakilin talakawa nama ne kamar na kowa. Ƙanen nasa Gayus ya zo bayan shekara goma da shiri mafi faɗi, har da sayar wa talakan birni alkama a farashi mai rahusa. A shekara ta 121 shi ma ya mutu ana farautarsa, aka kashe magoya bayansa wajen 3,000, wannan karon da takardar izinin majalisa.

Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Ƙadangaren farko daga Afirka ya samu ƙofa. Jugurta, sarkin Numidiya a Aljeriya ta yau, ya daɗe yana wasa da hankalin Rum, ana zargin yana sayen kwamandojinta da 'yan majalisarta, har aka ruwaito ya ce Rum birni ne na sayarwa da zai samu mai saye. Jama'a suka fusata suka zaɓi Gayus Mariyus, mutumin ƙauye da ba shi da kakanni a majalisa, konsul na shekara ta 107. Da zai tara mayaƙa sai ya karɓi duk wanda ya kawo kansa, har waɗanda ba su da komai. Ba shi ya fara sassauta sharaɗin dukiya ba, an daɗe ana rage shi kaɗan-kaɗan, amma daga zamaninsa zuwa gaba hoton soja ya sauya. A duba mutumin da ya yi shekaru a runduna ba shi da gonar komawa. Hukuma ba ta da wani tsayayyen tsari na sallamarsa. Idan zai samu fili, sai janar ɗinsa ya koma Rum ya yi kokawa da majalisa ya ƙwato masa. Idan janar ya faɗi, sojan ya tashi a tutar babu. To wa zai bi ranar da janar da majalisa suka saɓa? Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski.

Ga ni nan ne zuciyar al'amarin, kuma laifin na ɗora shi a wuyan majalisa. Tana da dukiyar duniya a hannu. Da ta ga dama da ta ce duk sojan da ya gama aiki haƙƙinsa yana kan baitulmali. Ba ta yi ba, domin fili a hannun 'yan majalisar yake, kuma suna tsoron duk wanda ya raba fili zai samu farin jini ya fi ƙarfinsu. Don gudun kada mutum ɗaya ya yi ƙarfi, sai suka tura dubban mazaje masu makamai hannun mutum ɗaya.

An ga amsar tambayar a shekara ta 88. Italiya ta fito ke nan daga yaƙin basasa da ƙawayen Rum, waɗanda suka gaji da ba da jini ba a ba su 'yancin zama 'yan ƙasa ba, sai da suka ɗauki makami aka ba su. An ba Sulla, konsul na wannan shekara, jagorancin yaƙi da Mitridatis, sarkin Fontus a Turkiyya ta yau, yaƙi mai ganima. Magoya bayan Mariyus suka sa aka ƙwace aka ba Mariyus, wanda a lokacin ya tsufa. Sulla ya je wurin rundunoninsa ya gaya musu. Sojoji suka ji tsoron wani janar zai tafi da wasu mayaƙa su ci ganimar, suka ce ya kai su Rum. Abin lura a nan shi ne, manyan hafsoshinsa duk sun ƙi binsa sai mutum ɗaya, domin su har yanzu suna jin nauyin al'ada. Ƙananan sojoji kuwa suka bi. Wannan ne karo na farko da rundunar Rum ta shiga birnin Rum da yaƙi.

Da ya dawo daga gabas ya sake cin garin a shekara ta 82, sai ya fito da abin da ba a taɓa gani ba: jerin sunaye a kafe a dandali, duk wanda sunansa ya fito jininsa ya halatta, mai kawo kansa yana da lada, dukiyarsa a yi gwanjonta, 'ya'yansa da jikokinsa ba su ba muƙami. Fulutak ya ba da labarin wani mai suna Kwintus Oreliyus, mutum ne da ba ruwansa da siyasa. Ya je dandali yana karanta jerin kamar kowa, sai ya ga sunansa. Ya ce, kaico, gonata ta Alba ce ke farautata. Bai yi nisa ba aka cim masa aka yanka. Da filayen irin waɗannan mutane da na garuruwan da suka yi masa adawa Sulla ya sallami sojojinsa. Ya gyara dokoki don ya ƙarfafa majalisa, ya ajiye mulki da kansa, ya mutu a shekara ta 78. Dokokin nasa ba su daɗe ba, amma matasan da suka ga yadda ya yi sun riƙe hanyar.

Fomfe da Kirasus duk a gindinsa suka tashi, kuma Kirasus a gwanjon kayan waɗanda aka kashe ya yi arziki. Fomfe ya share 'yan fashin teku, ya gama da Mitridatis, ya mayar da Siriya lardin Rum, ya dawo Italiya a shekara ta 62 ya sallami rundunarsa kamar yadda doka ta ce. Abu biyu ya nema: a amince da tsarin da ya yi a gabas, a ba sojojinsa fili. Majalisa ta yi ta ja masa rai. Mutumin da ya bi doka aka wulaƙanta, shi ya sa ya haɗa kai da Kirasus da Kaisar. Kaisar ya zama konsul a shekara ta 59 ya tura dokar filin da ƙarfin tsiya, tsofaffin sojojin Fomfe sun cika dandali, aka juye wa abokin mulkinsa Bibulus kwandon kashi a ka. Ladansa shi ne ƙasar Gol, Faransa ta yau, inda ya yi kusan shekara tara yana yaƙi da runduna da ta san muryarsa, ya san sunayen jarumanta, yana ce musu abokan gwagwarmaya. Da majalisa ta ce ya ajiye su ya dawo shi kaɗai, a watan Janairu na shekara ta 49 ya haye ƙoramar Rubikon, iyakar lardinsa da Italiya, da runduna ta 13. Hujjar da ya bayar da bakinsa ita ce mutuncinsa, wanda ya ce ya fi masa ransa daraja, da kuma haƙƙin wakilan talakawa da aka kora daga gari.

Sauran labarin sananne ne. Ya karya Fomfe, wanda ya koma ɓangaren majalisa, a Farsalus ta ƙasar Girka, aka kashe Fomfe a gaɓar Masar, aka naɗa Kaisar mai cikakken iko har iya rai. Ranar 15 ga Maris ta shekara ta 44, 'yan majalisa wajen 60 suka haɗa baki, aka soke shi sau 23, ya faɗi a gindin gunkin Fomfe. Burutus da Kasiyus, jagororin makircin, sun ɗauka da sun kawar da mutumin, jamhuriya za ta miƙe da kanta. Ba su tanadi komai ba game da tsofaffin sojojinsa da ke jiran filayen da ya yi musu alkawari. Yaro ɗan shekara 18, Oktabiyan, jikan 'yar'uwar Kaisar kuma magajinsa a wasiyya, shi ya gane inda ƙarfi yake. Ya bi ƙauyukan da aka zaunar da su da jakar kuɗi da sunan Kaisar, ya tara runduna ba da izinin kowa ba. Aka sake kafa jerin sunaye, aka sare kan Sisero, fitaccen ɗan majalisa mai iya magana, da hannuwansa aka kafe a mumbarin da ya saba yin jawabi, aka ware birane 18 na Italiya aka kori masu gonaki don a zaunar da sojoji. Bayan Oktabiyan ya gama da abokin hamayyarsa Antoni da Kiliyobatira, sarauniyar Masar, a yaƙin Aktiyum a shekara ta 31, ba sauran mai ja da shi.

Abin da ya yi daga nan shi ya fi komai nuna mini inda ciwon yake. Bai kira kansa sarki ba. A shekara ta 27 ya ce ya mayar wa majalisa da jama'a amanarsu, aka ba shi laƙabin Agustus, ana ci gaba da zaɓen konsul kowace shekara. Amma lardunan da manyan rundunoni ke zaune a hannunsa suke, kuma ɗan majalisa ba ya taka Masar sai da izininsa. Ya tarar da runduna wajen 60, ya rage su zuwa 28. Dukiyar Masar ta ba shi damar sayen fili da kuɗi maimakon ƙwace. Ya yanka wa soja shekarun aiki, da farko 16, daga baya 20. A shekara ta 6 miladiyya ya kafa asusu na musamman don sallamar sojoji, ya zuba sastas (kuɗin Rum na lokacin) miliyan 170 daga aljihunsa, ya ɗora harajin kashi 5 cikin 100 a kan gado don asusun ya ɗore, kuma kowane sojan runduna da ya gama aiki yana da sastas 12,000. Masu kuɗi sun yi ta gunaguni a kan harajin gadon, amma suka biya. Abin da kakanninsu suka kashe Tiberiyus don kada su bayar da kaɗan daga cikinsa, shi suka bayar bayan shekara 138, ga kuma 'yancinsu ya tafi. Agustus ya daina ce wa mayaƙa abokan gwagwarmaya, sai dai sojoji kawai. Janar na ƙarshe daga wajen gidan sarauta da aka yi wa bikin shiga gari da nasara shi ne Korneliyus Balbus, a shekara ta 19 kafin haihuwar Annabi Isa, bayan yaƙinsa da Garamantawa na Fezzan a cikin Sahara. Daga shi, nasara ta zama ta gidan Agustus kaɗai.

Talakan da ya sha yaƙin basasa tun yana goye ba zai yi kukan rashin jamhuriya ba, kuma ban ga laifinsa ba. Ya samu zaman lafiya, hanya ta buɗe, alkama na zuwa daga Masar. Amma maganin Agustus bai raba soja da mai biyansa ba, ya dai mayar da mai biyan mutum ɗaya, kuma ranar da kujerar ta zama ba kowa sai takobi ya sake yin magana. A shekara ta 69 miladiyya sarakuna huɗu aka yi a shekara guda, kowanne da rundunarsa. A shekara ta 193 miladiyya dogaran fada suka kashe sarki Fartinaks, suka rufe ƙofar barikinsu, mutum biyu suna taya mulki, ɗaya a ciki ɗaya a waje. Na cikin ya kai sastas 20,000 ga kowane dogari. Didiyus Yuliyanus, yana tsaye a bakin ganuwa, ya ɗaga murya yana nuni da yatsu ya ce 25,000, aka buɗe masa ƙofa. Kwana 66 ya yi aka kashe shi a fada, lokacin da Saftimiyus Seberus, haifaffen Labda a Libiya ta yau, ya doso Rum da rundunonin kogin Danub.